Kafin Tafki Ya Ƙafe, Ka Biya Gidan Baba Hashimu

Salisu ɗana,

Sallama a gare ka, tare da fatan alheri, ko da yake ga ƙofar ɗakinka nan ina hange daga inda nake zaune. Allah ya tsare ka a tafiyar da za ka yi gobe, ya tsare motar da mai tuƙa ta, ya sauke ku Tanut lafiya, ya raba ka da sharrin hanya da sharrin baki, naka da na wasu.

Kar ka yi dariyar rubutun nan. Ka san ban yi lakwal ba, wato makarantar boko, ɗan abin da na iya a karatun manya na tsinta ƙarƙashin aduwa, bayan gemu ya fito mini. Na zaɓi in rubuta ne don in na kira ka mu yi magana, idonka yana kan waya, bakinka yana "to Baba, to Baba", ni kuma raina ya ɓaci in manta abin da na tara zan faɗa. Takarda ba ta fushi. Innarka za ta miƙa maka ita tare da tuwo. Ka karanta yau, kar ka bari sai ka hau mota.

Na ji daɗi da Alhajinku ya zaɓe ka ka riƙe masa mikro har a gama fidda ɗan takarar depite, wato ɗan majalisa, na partinku, in Allah ya ba shi kuma ku zagaya Damargu da shi har ranar babban zaɓe. Murya Allah ya ba ka tun kana goye, maƙwabta sun shaida. Ban hana ka ba, kuma ba zan hana ka ba. Abu guda ne ya tsaya mini a wuya. Ranar kasuwar da ta wuce kun tsayar da mota a ƙofar gidan Baba Hashimu, don shi da 'ya'yansa suna bayan ɗaya mutumin da ke neman kujerar, ka ɗaga murya duk gari na ji ka ce, "Tsoho mai raƙumi ɗaya, biyo mu mu sayo maka na biyu!" Samari suka yi shewa. Tun ranar ba wanda ya leƙo mu daga gidansu, kuma ɗansa Laminu yana cewa in tafki ya ƙafe bana zai kai raƙumin rijiyar surukansu ta hanyar Falanko, mu nemi abin da zai ja mana ruwa. Tafkin kuwa ka gan shi, ya koma taɓo a gefe-gefe. Shi ya sa na ɗauki biro.

Tun da ka shiga lakwal ka rage zuwa rijiya, hannunka ya yi laushi, bari in tuna maka yadda take. Zurfinta ya fi ƙarfin hannun mutum. Raƙumin gidan Hashimu ne ke ja, igiya da wasaki, babban gugan fatan nan, da kwamin shayarwa namu ne, haka muke tun kafin a haife ka. Mutum guda yana tsaye a bakin rijiya, guda yana jan raƙumi ya yi ta tafiya da igiyar har ya zama ɗan ƙarami a ido, ya ba rijiya baya. In wasaki ya iso baki, na bakin rijiya ya ƙwala kira, mai raƙumi ya tsaya cak ya juyo. Ba kira, ba ruwa. Riƙe wannan, za ka ga inda na nufa.

Ka sha jin tsofaffi na tsokanata da "Delege". Ka san suna ne na dariya, amma ban taɓa zaunar da kai na ba ka labarin daga farko ba.

Na zo ƙasar Olelewa daga Tenhiya ina saurayi kamar kai, shekarar da fari ya cinye mana dabbobi, da 'yan awaki da ba su kai a kira su garke ba. Hausar kasuwa kawai na iya. Mahaifin Hashimu, Allah ya jiƙansa, shi ya ce in kafa bukka a gefen gonarsa, awakina su ci kara su bar masa taki, in sha rijiyarsa in kawo igiya. Ni da Hashimu sa'o'i ne, tare muke jan ruwa, tare muke cin tuwon uwarsa Iya Kande. Ana nan sai mutanen parti suka zo suka ce kowane gari ya ba da delege, wato wakilai, a je Tanut a fidda wanda zai tsaya depite, kuma a sa makiyayi guda a ciki don kar a ce an bar mutanen daji a baya. Makiyayin da ke kusa ni ne. Aka ce, "Abdu, kai delege ne." Na ce to. Ni a zatona wani aikin ƙarfi ne, irin ɗaukar buhu. Wallahi da igiyata da sandata na hau kamiyo, babbar motar kaya.

Mutum biyu ne ke neman abin, duk parti ɗaya. Alhaji Tanko, mai sayen hatsi, da Mushe Garba, tsohon malamin lakwal, don Mushe muke ce wa malaman boko. Muna sauka aka kwashe mu zuwa gidan Alhaji. An yanka rago, ga shinkafa, ni da na yi wata da watanni ban ga maiƙo ba. Ina cikin ci sai ga Alhaji da kansa, ya dafa kafaɗata ya ce, "Ɗan Tenhiya, gobe kana bayana ko?" Na ce, "In sha Allahu Alhaji, ina bayanka." A wurinmu baƙon da naman mai gida ke bakinsa ba ya ce masa a'a. Ko raƙuminka ya roƙa sai ka ce to, daga baya a san yadda za a yi. Da la'asar Hashimu, wanda shi ma delege ne, ya ja ni gidan Mushe, don shi mutumin Mushe ne, Mushe ne ya karantar da ƙanensa. Aka dafa shayi, Mushe ya miƙo mini kofi da hannunsa ya ce, "Abokin Hashimu, ina fatan gobe muna tare." Na ce, "In sha Allahu Mushe, ina bayanka."

Da muka fito wani ya raɗa wa Hashimu abin da na ce a gidan Alhaji. Ya tsaya a tsakiyar hanya ya dube ni. "Kai Abdu, bayan mutum nawa za ka tsaya gobe?"

Na ce, "Duka biyun mutanen kirki ne, sun ba ni abinci."

Ya ce, "Wayyo Allah, mun kawo akuya taron mutane."

Ban gane ba sai da gari ya waye. Aka tara mu a wani fili, aka ajiye kujera biyu nesa da juna, Alhaji ya zauna a ɗaya, Mushe a ɗaya, aka ce kowane delege ya je ya yi layi bayan wanda yake so. Kafin in ƙifta ido fili ya rabu biyu, ni kaɗai na rage a tsakiya da sandata. Na nan suna "Ɗan Tenhiya, taho, ka yi alkawari!" Na can suna "Abokin Hashimu, nan ne wurinka!" Wani mai baƙin wasa ya ce a kawo wuƙa a raba ni biyu kowa ya samu rabonsa. Gumi ya jiƙa mini rawani. Sai na yi tunani irin namu, na ce abincin wa ya riga shiga cikina? Na Alhaji. Na sunkuyar da kai na tafi layinsa. Ban dubi Hashimu ba, amma na ji idonsa a ƙeyata.

To ka ji na farko. Inda za ka, kowane gida da tukunya a kan wuta, kowa kuma zai dafa kafaɗarka. Ka ci, abinci ba laifi ba ne, ka yi godiya, ka yi wa mai gida addu'a. Amma "ina bayanka" sau ɗaya ake faɗinta. Ka riga ka ba Alhajinku, to shi ke nan, in wani ya tambaye ka ka ce masa, "Na riga na ba da baki, Allah ya ba mai rabo." Zai ɗan ɓata fuska ya wuce. Wanda ka ce wa to alhali a'a ce a ranka, shi ne ba ya mantawa. Kuma in ka ga wani ɗan daji tsaye a tsakiyar fili ya rasa inda zai nufa, kar ka sa shi a mikro. Ubanka ne.

Layin Mushe ya fi tsawo, shi aka ba. Alhaji Tanko ya miƙe ya cire hula ya buga da ƙasa, ya rantse an shigo da waɗanda ba delege ba, ya ce shi da Mushe sai a lahira. Wani babban yaronsa ya tara mu ya ce, "Daga yau mu da mutanen Mushe ko gaisuwa babu." Salisu, ni inda na fito in dattijo ya buga rawaninsa da ƙasa ya yi irin wannan rantsuwa, magana ce ta jikoki. Na ɗauka da gaske ne har zuciya. Ga shi a kamiyon komawa mutanen Mushe suna ta waƙa suna nuna mu da baki, Hashimu a cikinsu, shi ma yana jin haushin na kunyata shi gaban malamin ƙanensa. Muka sauka gari ba mai ce wa wani sannu.

Shekarar tafki bai daɗe ba, dole muka koma rijiya. Ga gaba, ga ƙishirwar dabbobi. Ni ina bakin rijiya, shi yana jan raƙumi. Na ce a raina ba zan kira mutumin Mushe ba, sai na ɓullo da dabara: in wasaki ya iso sai in ɗaga rawanina in kaɗa. Shi kuma ya riƙa tafiya yana waiwaye kamar wanda kare ke bi. Muka yi kwanaki a haka, mata na zuwa ɗiban ruwa suna toshe baki da gyale. Ran nan da hantsi raƙumin ya yi masa gardama, hankalinsa ya tafi can, bai waiwayo ba. Wasaki ya taho, ina kaɗa rawani, ina kaɗawa da hannu biyu, ina tsalle, bakina a rufe gam. Wasakin ya daki itacen da igiya ke bi a kai, igiya ta tsinke, itacen ya yi sama ya wuce ta gefen kunnena, na ji iskarsa. Can ƙasa muka ji tsulum. Shanu da awaki suka taru kan kwami ba ko ɗigo, suna kuka.

Iya Kande ta taho da tulunta ta tarar da mu, ni a nan, shi a can, kowa na kallon wani gefe. Ta ajiye tulu ta zauna a kai. Muna nan sai ga ƙarar mota da mikro daga nesa, ana cewa parti ɗaya ne, uwa ɗaya uba ɗaya, kowa ya fito ranar zaɓe. Motar ta karkato ta tsaya a bakin rijiya, injinta na hayaƙi. Aka buɗe ƙofa. Wa zai fito? Mushe Garba. Wa ke bayansa, yana riƙe masa gefen riga kar ta kama ƙofa? Alhaji Tanko. Goro ɗaya suka fasa a gabanmu, wannan ya ba wancan rabi.

Alhaji ya ce, "Sannunku bayin Allah, a taimaka mana da ruwa mu zuba a mota."

Iya Kande ta ce, "Ruwa? Ai sai ku tambayi delegenku, ga su nan. Saboda ku suka daina magana, guga na can ƙasa yana jiran ku sasanta."

Suka kwashe da dariya har Mushe na share hawaye. Alhaji ya ce, "Haba Iya, ai wancan ya wuce, ni ne ma shugaban kamfen ɗinsa yanzu." Sannan ya juyo ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Samari, kai daga wane gari?"

Bai gane ni ba. Ni da na kusa rasa kunne saboda shi. Ban ji haushinsa ba, ka sani, mutum ɗari nawa ya dafa wa kafaɗa a ranar? Kunya ce ta rufe ni, sai kuma na ji kamar an sauke mini buhu daga ka. Iya ta ba su ɗan ruwan da ya rage a gorarta, suka roƙe mu ƙuri'a, suka tafi suna ɗaga mana hannu.

Ƙurar motar ba ta kwanta ba Hashimu ya ce, ba tare da ya dube ni ba, "Delege, je ka aro ƙugiya."

Na ce, "Kai je ka, ai ku kuka ci zaɓe."

Iya ta ce, "Ku tafi tare, 'yan banza, kafin in tsinke muku kunnuwan da itace ya bari."

Ranar muka wuni kwance a bakin rijiya muna laluben wasaki da ƙugiya, "yi dama, a'a hagu, saki kaɗan, ja, ja!" Maganar da ba mu yi ba cikin kwanakin nan duk muka biya ta kafin la'asar. Daga ranar sunan Delege ya bi ni.

Ga na biyu, kuma shi ne babba. Manyan nan sun san faɗan da suke yi yana da ranar ƙarewa. Ba munafunci ba ne, haka aikin yake: yau su ja layi biyu, gobe wanda ya faɗi ya shiga motar wanda ya ci, don akwai wasu partin a gaba da za a kara da su. Mu na ƙasa ne ba a gaya wa ranar ƙarewar, sai mu ɗauki faɗan mu kai gida mu kwana da shi. Alhajinku da mutumin su Laminu, ka rubuta ka ajiye, kafin a girbe wake na gaba za ka gan su a tabarma ɗaya. Wataƙila kai ne ma za a miƙa wa mikro a ce ka yabi wanda kake zagi yau. Saboda haka duk abin da za ka faɗa, ka auna shi da wannan: zan iya haɗa ido da mutumin nan bayan zaɓe? Ka yabi naka iyakar muryarka. Ka ce zai gyara hanya, zai kawo likita, in ya ce zai yi. Ka yi wasa, ka sa mutane dariya, siyasa ba makoki ba ce, ni ma ina son shewa. Amma kar ka taɓa abin da Allah ya ɗora wa mutum: talaucinsa, ciwonsa, asalinsa, abin da ya rasa. Hashimu yana da raƙuma da ba a ƙirga su da yatsun hannu kafin fari ya bi ta kansu. Wannan ɗayan da ka yi wa dariya, shi ya rage, kuma ruwan da aka dama furar da ka sha duk ranin bara shi ya jawo shi, muka saba da samunsa har muka manta.

Akwai na uku, shi ɗan ƙarami ne, amma zai yi maka amfani. Da ranar babban zaɓe ta zo ni ban yi niyyar zuwa ba. Na ce ai na riga na yi zaɓe a Tanut, har an yi mini dariya, me kuma ya rage? Hashimu ya ce wancan na cikin gida ne, wannan ne na ƙasa duka. Ya ja ni biro, wurin jefa ƙuri'a. Aka duba katina, aka nuna mini bayan labule. Na shiga na duba takardun nan sama da ƙasa ina neman fuskar Mushe Garba, tunda an ce yanzu shi ne namu. Babu. Alamomi ne kawai, da hotunan wasu manya na Yamai da ban taɓa gani ba. Na daɗe a ciki har na waje suka fara gyaran murya. Sai na leƙo da kaina na ce da ƙarfi, "Jama'a, ina Mushe?" Biro ya ɗauki dariya, har jandarman da ke ƙofa. Shugaban biro, wani malami mai haƙuri, ya ce ba shi da izinin nuna mini, sai dai in tuna alamar partina. Wallahi ban santa ba. Wata biyu ana zuba mana waƙa a kunne, ba wanda ya taɓa zama ya nuna mini ita. Na zaɓi wadda ta fi yi mini kyau a ido na jefa. Har yau ban san wa na ba ba, Hashimu yana cewa ni na kayar da su a garinmu.

To kai da za ka zagaya rugage da ƙauyuka, daga nan har Belbeji, har Tenhiya wurin dangina, in kun tsaya kar ka ƙare da kirari. Ka sauko daga mota, ka tsuguna wurin tsofaffi da mata, ka gaya musu a hankali cewa zaɓe biyu ne, na cikin parti daban, na ƙasa daban. Ka nuna musu alama, ka gaya musu yadda ake yi a bayan labule. Wanda ya ce shi na wani parti ne, shi ma ka gaya masa yadda ake yi, ba za ka ragu ba. In ka isa Tenhiya ka nemi gidan kawunka, ka gaishe su da harshensu ko da guntu-guntu ne, kar ka shiga musu da faransanci.

Sauran ƙananan ka san su, amma uba ba ya gajiya da maimaici. Kar ka hau saman mota tana gudu, na ga yadda kuke yi. Ƙwayar da samari ke haɗiya wai don murya ta daɗe, kar ta shiga bakinka, innarka ta sa maka zuma a jaka, ita ta isa. Salla kar ta wuce ka don ana mitin, mitin ba ya ƙarewa. In aka fara jifa, ba jarumta ba ce tsayawa, ka ajiye mikro ka nemi bango. In Alhajinku ya faɗi a fidda gwani, ka yi baƙin cikinka kwana ɗaya ka wanke fuska. In ya ci, kar ka yi waƙa a kunnen wanda ya faɗi, ka ji yadda ta yi mini a kamiyo.

Jiya bayan la'asar na je gidan Hashimu. Na same shi yana ba raƙumin ƙaiƙayi. Ya shimfiɗa mini buzu kamar kullum, ya hura gawayi. Na fara ba shi haƙuri, ya ɗaga hannu.

Ya ce, "Delege, ni da kai mun gama namu tun gemunmu na baƙi. Ba kai ka tsaya a ƙofata ba."

Na ce, "Yaro ne, Hashimu, zafin mikro ne."

Ya ce, "Na sani. Ni na riƙe ragon sunansa aka yanka, yaushe zan riƙe shi a zuciya? Kuma gaskiya ya faɗa, raƙumi ɗaya gare ni." Ya yi 'yar dariya, sannan ya ce, "Amma ni yanzu gwiwa ta ƙi, ba ni ke jan raƙumi ba, Laminu ne. A gaban matarsa da abokansa aka faɗa. In na ce ya kai raƙumi rijiya zai kai, don ni na haife shi. Sai dai zai kai da baki a rufe. Kai kuwa ka san abin da rufaffen baki ke yi a rijiyar nan."

Na ce na sani. Muka sha shayinmu har kofi na ƙarshe, muka yi hirar farashin gero da ciwon gwiwa, na taho.

Ka ga inda maganar take. Ni da Hashimu mun kusa gama shan ruwanmu, Alhamdu lillahi, mun sha mai daɗi. Ban zo garin nan da komai ba sai sanda, yau ga gida, ga gona, ga ku. Ba ni da ƙorafi a kan kowa. Rijiyar ku za mu bar wa, kai da yayanka Sani da Laminu, kuma ba a raba ta biyu kamar fili a Tanut. Depite shekara biyar yake yi a sake wani. Yayanka kuwa shi zai tsaya a bakin rijiya bana, kansa ne a kusa da itacen nan.

Abin da nake roƙonka ke nan. Motarku sai hantsi za ta tashi. Gobe in ka idar da sallar asuba, ka cire hular parti ka bar ta a ɗaki, ka taka da ƙafa zuwa gidansu. Kar ka tafi da abokanka. Ka tsuguna ka gaida Baba Hashimu yadda ka saba tun kana ƙarami, ka ce bakinka ya yi kuskure. Sannan ka nemi Laminu, shi ne mai wuyar. Tunda a gaban mutane ka faɗa, kar ka ja shi lungu, ka ba shi haƙuri a ƙofar gida inda masu wucewa za su gani. Ba na ce ka bar Alhajinku ba, ba na ce ka bi nasu ba. Ka gaya masa ma, "Ina nan bayan nawa, kai ma riƙe naka, mu haɗu a fili." In ya yi maka tsiya ka shanye, yana da hakki. In ya tsokane ka, to an gama, ka rama kaɗan.

Zan riga ka zuwa. Za ka tarar da ni a kan buzu ina shan shayin Hashimu, ba zan ce uffan ba, ba zan ma dube ka ba. Maganar taka ce, muryar ma taka ce, ka ga ranar da za ta yi aiki ba tare da mikro ba.

Allah ya yi maka albarka, Salisu. Ya sa ka fita lafiya ka dawo lafiya, ya kare ka daga haɗarin mota da zafin taro, ya sa a yi zaɓen nan a watse ba wanda ya zubar da jinin wani. Ya ba Damargu wanda zai ji tausayinta, ko naka ne ko na Laminu. Innarka ta ce in ƙara da cewa ka riƙa cin abinci.

Ni ne mahaifinka,
Abdu, wanda ake ce wa Delege